Ana Zargina da Satar Labarin Kakata

Anti Loretta, don Allah ki taimake ni, ban san wa zan faɗa wa ba.

Ina ajin ƙarshe na sakandare. Watan jiya ina neman wani rahoto kan gurɓatar kogi don aikin kimiyya, sai na tarar an kulle shi, sai an biya. Dashiell, ɗan ajinmu, ya turo mini wani shafi da ya ce yana buɗe komai kyauta. Shafin ya ce in saka wata manhaja, in shiga da imel ɗina na makaranta, sannan in ɗora takarda ɗaya tawa a madadin wadda nake so. Ba ni da wata a kusa sai maƙalar da na rubuta don neman tallafin karatun jami'a, kan yadda nake kula da kakata tun da ta fara mantuwa. Na ɗora ta. Rahoton ma rabi ya fito.

Da na miƙa maƙalar, manhajar da makaranta take kama masu satar rubutu da ita ta ce kwafowa na yi daga intanet, wai rubutun wata ce da ban taɓa jin sunanta ba. Malama Petrakis ta daina sakar mini fuska, kuma ranar Alhamis zan tsaya gaban kwamitin ladabtarwa. Dashiell ma yana neman tallafin nan. Da gangan ya yi? Yanzu ko murmushi ya yi mini sai gabana ya faɗi. Ga shi kwamfutar ta makaranta ce, mun yi alkawarin ba za mu saka mata komai ba. In na yi magana na tona wa kaina asiri, in na yi shiru na zama ɓarauniyar labarin kakata.

Mai Shiru, Ohio

'Yata,

Zarginki yana da tushe, amma kin ɗora shi inda ba ki da hujja. Wataƙila Dashiell ma an ruɗe shi ne. Shafin ki tuhuma: wanda ya buɗe miki kayan wani ba da izini ba, ba zai ji kunyar sayar da naki ba. Maƙalarki da kalmar sirrinki su ne kuɗin da kika biya.

Yau ki canza kalmar sirrin daga wata na'urar, ki kai kwamfutar ofishin masu gyara na makaranta. Kada ki goge komai. Ki tattara rubutunki na farko masu kwanan wata, ki je wurin Malama Petrakis tare da mahaifiyarki kafin Alhamis.

Kin karya doka, kin kuma taɓa haƙƙin masu rahoton, don haka ki shirya wa horo. Amma wannan ƙaramin laifi ne in an gwada da wanda ake ɗora miki. Gaba, ki tambayi mai kula da laburare.

A gaban kwamitin, ki ce su tambaye ki komai game da kakarki. Wadda ta saci maƙalar ba za ta iya amsawa ba. Allah ya wanke ki, ya ba kaka lafiya.

Anti Loretta