Sunana a Bakin Jandarma Ɗari

Maigida,

Gaisuwa mai yawa daga Dakoro. Inna tana sa maka albarka. Ni kam raina a ɓace yake.

Almu abokin horonka na jandarma ya zo hutu, ya shigo gaida Inna. Yana ɗaure takalmi sai na ji yana rera, "Zuciyata tattabara ce, in ji Mansura ta Dakoro." Baitin da na rubuta maka kai kaɗai! Inna ta ce, "Wace Mansura?" Sai na faɗa ɗaki. A littattafai, namiji a aljihun ƙirji yake ɓoye wasiƙar matarsa. Kai rabawa ka yi?

Ka huta lafiya.
Mansura

*

Mansura,

Ina gaishe ku duka. Wallahi ban raba ba. Tun da aka karɓe mana wayoyin salula sarjan yake binciken jakunkuna, nan ya ga wasiƙar. Ya karanta a gaban layi, mai ganga ya ɗauka, yanzu da ita muke maci mu ɗari.

Abin da ban faɗa miki ba: saura kaɗan a koro ni. Ƙafata ba ta bin ganga, kowa hagu, ni dama. Da waƙarki kaɗai nake daidaita. Ita za mu yi ranar yaye mu.

Mijinki,
Nu'man

*

Maigida,

Ina amsawa. Ranar yaye? Ranar da Inna da Baba za su zauna a rumfa? Ba na so a koro ka, amma da wane ido zan dubi surukaina? Ku riƙe tattabarar, ku cire sunana. Ka roƙi sarjan ɗin nan marar kunya.

Mansura

*

Mansura,

Gaisuwa. Na roƙe shi, ya sa ni tsallen kwaɗo, sannan ya yarda. Ya ce dole a sami suna mai gaɓa uku, sai ya sa na matarsa. Yanzu "in ji Aisata" muke cewa. Da an zo wurin sai ƙafata ta rikice. Jiya sau huɗu. Ya ce in na sake, in haɗa kayana.

Nu'man

*

Maigida,

Kwana uku na yi ina gyara baitin nan, har tuwo na ƙona. Aisata ta taɓa rubuta ko layi ɗaya?

Ka ce a mayar da sunana. Zan zauna bayan Inna, in ja mayafi har hanci. Kuma ka gaya wa mai ganga ya daina gaggawa a kan "tattabara", ba korarta ake yi ba.

Allah ya tsare.
Mansura ta Dakoro