Binnen Baba

Asabar, 17 ga Mayu, 2025
Na je gida Dandin Mahe na tarar Baba ya yi binne. Ko alamar hadari babu, amma ya bi gonar bakin hanya rami-rami ya zuba irin geron da ya gada wurin mahaifinsa, duka, bai rage ko cikin tafi ba. Gonar da sabuwar hanya za ta ratsa! Na ce, "Baba, ka karɓi diyya ka huta mana." Ya ce, "Safinatu, ke malama ce ga allo, ba ga ƙasa ba." Wannan tsoho zai sa mini hawan jini, kuma ina son sa haka nan.

Talata, 20 ga Mayu
Lauya Badaru, mai tsaya wa manoma a shari'ar filin, ya kira. Kotu ta ba da umarni: daga kamfanin hanya har manoma, kada wanda ya taɓa filin sai an yanke hukunci. Na ji sanyi. Ko ba komai Baba zai zauna a inuwa.

Lahadi, 8 ga Yuni
Ruwa kamar da bakin ƙwarya, tun daga Bodinga har Shagari.

Juma'a, 13 ga Yuni
Gero ya tsiro. Baba ya kira ni yana dariya kamar an yi masa jika.

Litinin, 23 ga Yuni
Ashe mutanen kamfani sun ɗauki hoton tsiron. Sun kai ƙara wai Baba ya yi shuka bayan umarni, ya raina kotu. Lauya ya ce abin na iya kai mutum gidan yari. Na kasa koyar da darasin ƙarshe. Mutum mai shekara saba'in da ɗaya, ga ciwon gwiwa. Na kira shi don in yi faɗa, sai na ji kaina ina tambayarsa ko ya ci abinci.

Laraba, 2 ga Yuli
Kotu, Sakkwato. Baba ya sa farar rigarsa ta Idi. Tun a mota nake koya masa: ka ce ka tuba, kada ka ƙara komai. Ya yi ta gyaɗa kai, ashe ta bayan kunne take bi.

Da alƙali ya tambaye shi, sai ya ce, "Ranka shi daɗe, ni ban raina kowa ba. Binne niy yi, kwana ukku kahin takardakku. In akwai mai laihi, hadari ne, sai a kai mai sammaci." Har magatakarda ya sunkuyar da kai yana dariya. Lauyan kamfani, ɗan birni, bai taɓa jin ana shuka a busasshiyar ƙasa a jira ruwa ba, sai da mai unguwa ya tashi ya shaida. Alƙali ya sallami Baba, amma ya ja masa kunne: in shi ko wanda ya aika ya sake shiga gonar kafin hukunci, ɗauri ne. Hukunci kuma sai Oktoba.

Na yi ta hamdala a hanya. Da muka kai wajen Bodinga sai Baba ya ce, "To wa ka yi ma hatsin noma?"

Lahadi, 13 ga Yuli
Ciyawa ta fara rufe geron. Kullum da hantsi Baba na zuwa ya tsaya a bakin kwalta, hannuwa a baya, bai taɓa tsallake iyaka ba. Ya yi alkawari gaban alƙali, shi ke nan. Tuwo ma tsakura yake yi. Na ce masa a sayi wani iri baɗi. Ya ce, "Ɗiyata, wanga iri babu shi kasuwa. In ya mutu bana, ya ƙare ga hannuna."

Sai kawai na ɗauke kwanonsa na fice. Ni da bakina ba ya mutuwa.

Alhamis, 17 ga Yuli
Na tambayi Lauya Badaru, wai don sani kawai, me ake nufi da "wanda ya aika". Ya ce, "Malama, kada ki sa ni cikin magana."

Asabar, 19 ga Yuli
Har yanzu ina nan kan bakana, diyyar ta fi. Kawai dai na kwana a gida, na tashi bayan asuba ban da abin yi, ga hauya jingine a zaure. Babu wanda ya aike ni. Kunya shida na nome a gonar kafin rana ta ɗaga, rabona da noma shekara goma sha biyar, tafin hannuna duk ya yi bororo.

Da na dawo na ɓoye hannuwan cikin hijabi. Baba na kan tabarma bai ko dube ni ba, sai ya turo mini man kaɗanya da ƙafa. Na ce ƙonewa na yi a murhu. Ya ce, "Allah Shi sawwaƙe. Ni dai ban aiki kowa ba. Amma mai wannan murhun ta riƙa jawo ƙasa ga gindin hatsi, kada ta bar saiwa waje."

Yau kwanonsa ya dawo wayam. Saura kunya arba'in da biyu.