Na Yi Ta Dukan 'Yar Yayana Kan Harara, Ashe Ciwon Ido Ne

Assalamu alaikum mutanen wannan gida, barkanmu da warhaka. Admin don girman Allah a ɓoye sunana da lambata, akwai 'yan unguwarmu a nan ciki. Don Allah ku ba ni shawara, wanda ya ga dama ya zage ni ya zaga, na cancanta, amma in ya gama zagin ya gaya mini abin yi, don lokaci ya ƙure mini.

Ni mace ce, a Konni nake zaune, ina aikin sakatariya a wani ƙaramin asibiti mai zaman kansa. Ba na allura, ba na duba kowa, aikina a buro yake, wato ofis, gaban ordinater, kwamfuta ke nan. In likita ya duba mutum ya rubuta abin da ke damunsa, ni ke neman lambar ciwon in shigar, don kowace cuta da tata lambar, zazzaɓin sauro da tasa, hawan jini da tasa, har ciwon kunne. Na daɗe ina yi, wasu lambobin ma ba sai na duba ba hannuna ya san su. Na faɗi wannan ne don in mun je gaba ku gane iyakar wautata.

Allah bai ba ni haihuwa ba har yanzu, maigidana kuma direban motar siminti ne daga Malbaza, ya fi kwana a hanya fiye da gida. Da kaɗaici ya ishe ni sai na je garinmu Dogarawa na roƙi Yayana ya ba ni riƙon 'yarsa, zan kira ta Nana, ba sunanta ba ne. Uwarta ba ta so ba, na gani a fuskarta, amma Yaya ya ce 'yarsa 'yata ce, kuma a wurina za ta samu lakwal mai kyau, wato makarantar boko. Na ɗauko ta tana 'yar mitsitsiya, yanzu ta kai aji biyar. Wallahi ina son yarinyar nan, kada ku ga abin da zan faɗa ku ce ba na sonta. Tana da kai, tana da tsabta, in ta dama fura sai ka ce babbar mace ce ta yi.

Abu ɗaya ya haɗa mu, harara. Ni mutum ce mai zafi, na sani, ba sai an gaya mini ba, kuma gidan da muka tashi gara ka zagi babba da ka harare shi, zagi a ce bakinka ya kuɓuce, harara kuwa daga zuciya take fitowa. To in ina yi wa Nana faɗa, ko kan wanke-wanke ko kan ta daɗe a aike, sai ta tsaya shiru, can sai in ga ido ɗaya yana kaina ɗayan ya zame gefe, irin kallon nan na in kin gama surutunki ki sallame ni. In na daka mata tsawa sai idon ya dawo daidai nan take. Wannan ita ce hujjata, na ce da ba da gangan take yi ba ai da bai dawo ba. In na tambaye ta me ya sa take hararata sai ta rantse ba ta yi ba, sai in ƙara mata na ƙarya a kan na harara. In muna tafe cikin rana kuma muka gamu da manya, sai ta kanne ido ɗaya tana gaishe su. Ranar da ta yi wa uwar mijina haka a ƙofar gida, dukan da na yi mata sai da maƙwabciya ta shigo ta ƙwace ta.

Ban tsaya nan ba. Da muka je gida babbar salla na zaunar da Yaya na zayyane masa komai, har da ƙarin gishiri, don raina a ɓace yake. Ya kira ta gaban dangi yana yi mata magana, yarinya ta sha hanya ta gaji, sai ga idon ya zame a gaban kowa. Yaya ya ce shi ma take harara? Ya karyo tsumagiya ya zane ta tas, ranar salla, cikin sabbin kayanta. Ya juya kan matarsa ya ce a nono yarinyar ta sha. Matar tana kuka tana cewa ita ta san 'yarta, ba ta da wannan hali, ni kuwa na buɗe baki na ce ai dama ba a taɓa jin uwa ta yarda 'yarta ta lalace ba. Tun daga ranar tsakanina da ita sai gaisuwa a tsaye, Nana kuma duk dangi suka san ta da mai idon tsiya, har ƙannenta suna tsokanarta da shi.

Abin sai ƙaruwa yake, da sai jefi-jefi, ya koma kusan kullum da yamma. Ana cikin damina na kira Yaya a waya na ce na gaji, ya zo ya ɗauki 'yarsa tun ban ji mata ciwo ba. Ya ce to, in bari ya gama girbin hatsi, zai shigo ranar kasuwa ya tafi da ita, kuma lakwal ta ƙare ke nan, tunda abin da ta koyo a can ke nan, ta zo ta kama daka da uwarta.

To akwai wani likitan ido, dattijo, da yakan zo asibitinmu lokaci-lokaci daga wani gari. Zuwansa na ƙarshen nan, Nana ta taso daga lakwal ta kawo mini abinci da tsakar rana, ta tsaya a bakin ƙofar buro ta kanne ido ɗaya yadda ta saba. Har na buɗe baki zan yi mata tsawa sai na ji likitan daga bayana yana cewa, ɗiyar wa ce wagga, a kawo mini ita. Ya zaunar da ita, ya ce ta kalli wani iccen dogon yaro can nesa ta taga, ya sa ɗan kwali ya rufe mata ido ɗaya ya buɗe, ya rufe ya buɗe. Ina tsaye ina kallo idon hagu ya tafi gefe a hankali, daidai irin hararar da na sani, alhali babu wanda ya yi mata faɗa, iccen kawai take kallo.

Ya juyo ya yi mini bayani da Faransanci da sauri-sauri. Ya ce wani nau'in harara-garke ne, wanda ido ke fita waje maimakon ya shigo wajen hanci, kuma nata mai zuwa ne yana tafiya, ya fi fitowa in yaro ya gaji, ko hankalinsa ya tafi wani wuri, ko yana kallon nesa, hasken rana kuma yana sa su rufe ido ɗaya. Ni duk sanina mai harara-garke kullum idonsa a karkace yake, kowa ya gan shi ya sani. Na ce masa amma likita in na yi mata tsawa yana dawowa fa. Ya yi 'yar dariya ya ce ai haka ciwon yake, in ta firgita ta tattara hankalinta sai ya dawo, ita ba ta ma san ya tafi ba. Jama'a, sai na dafa tebur.

Ya rubuta ya miƙo mini yadda ya saba miƙo na kowa. Ni da hannuna na rubuta sunan Nana a ordinater, na zo wurin lamba ban ko duba ba, yatsuna suka buga, tana farawa da H50. Sau nawa na shigar da lambar nan wa 'ya'yan mutane, har nakan ce a raina iyayen ƙauye da sakaci, sai abu ya yi nisa suke kawo yaro. Na san lambar kamar sunana, ban taɓa ɗaga kai na ga yadda idon yake ba, ga shi a gidana ina dukansa safe da yamma.

Likitan ya ce za a gwada ta a ga ko tana buƙatar tabarau, a riƙa kawo ta yana dubawa, amma tunda abin yana yawaita wataƙila sai an yi mata aiki, aiki kuma ba ya yiwuwa sai uban ya zo ya yarda da kansa. Ya ce in aka bar shi yana iya zama a gefen gaba ɗaya, idanun su daina aiki tare.

Ga inda na ƙara wa laifina nauyi. Muna hanyar gida Nana ta ce, Gwaggo mi likita ya ce? Sai na ji bakina ya ce, ya ce ki rage kallon talabijin. Ta ce to. Har yau ban gaya wa kowa ba, ko maigidana, kuma sati ya zagayo ya sake zagayowa.

Abin da nake tsoro shi ne, in na gaya wa Yaya gaskiya, na san shi, zuciyarmu ɗaya, zai tuna hannunsa ne ya zane ta ranar salla a kan maganata, kuma ya ci mutuncin matarsa gaban dangi a kan maganata. Matar kuwa ba za ta ƙara bar mini 'yarta ko na kwana ɗaya ba, kuma tana da gaskiya. In suka tafi da ita cikin fushi, anya za su riƙa kawo ta Konni wurin likita, asibitin da ni nake zaune a ƙofarsa? Wata zuciyar tana ce mini in kira shi kawai in ce yarinya ta shiryu na fasa, in riƙa kai ta wurin likita a ɓoye. Amma ranar da aka ce aiki fa? Kuma sunan da na ɓata mata a dangi haka zai zauna, ta girma ana cewa da can mara kunya ce Gwaggonta ta gyara ta. Ban ɓoye muku ba, akwai son kaina a ciki, ina tsoron kunya, kuma ina tsoron gidana ya koma shiru yadda yake da.

Abin da ya sa na kasa haƙuri na rubuto muku shi ne abin da ya faru shekaranjiya. Na taso aiki da la'asar na same ta a ɗakina gaban madubi, ta sa yatsa ta danne gefen idonta tana kallon kanta. Da ta gan ni ta zabura ta durƙusa, dama yanzu ba ta kallon fuskar kowa, kullum kanta a ƙasa. Na ce me kike yi? Ta ce, Gwaggo koyon bari nike. Ta ce wallahi ita ba ta jin sa'ad da take yi, amma tunda kowa ya gani ta yarda tana yi, in yafe mata. Ta ce in na ga ta fara in tsungule ta kawai za ta bari, don Allah in ce ma Babanta kada ya hidda ta lakwal. Na ce ta tashi ta je ta ɗora ruwa, na shiga bayi na yi kuka na wanke fuska na fito.

An gama girbi, jiya Yaya ya aiko cewa yana tafe ranar kasuwa mai zuwa. Don Allah 'yan uwa, iyaye mata da malaman da ke cikin gidan nan, ku ce wani abu. In tare shi a waya tun bai taso ba, ko in bari ya zo in kai shi gaban likita ya ji da kunnensa? Ko in hau mota in je Dogarawa in durƙusa wa uwarta tukuna, tunda ita ce ta faɗi gaskiya muka ƙaryata ta? Ita Nana fa, da wane baki zan fara? Yau da safe ma kafin ta tafi lakwal sai da ta tsaya a ƙofa, kanta a sunkuye, ta ce Gwaggo jiya ban yi ba ko? Me zan ce mata gobe in ta sake tambaya?