Ganyen Inabi Don Takwararki

Zuwa ga Innata,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da girmamawa, ina fatan kina cikin rahamar Ubangiji. Ƙarar kaina na kawo miki, Inna. Na mari takwararki, 'yata Ummi.

Da Babbar Sallah muka je wata gona a garin Pleasant Garden, nan ƙasar waje da muke zaune, yin layya. Wuƙar Baban Ummi ba ta da kaifi. Ragon ya fizge da rabin wuya a yanke, yana gudu yana gurnani, jini na tsartuwa, sai da maza uku suka danne shi. Ummi na tsaye, jinin ya fantsama a sabon leshinta. Tun ranar ta ce ita da nama har abada.

Kin san ni da taurin kai, a nono na sha shi. Na ce romo ai ba nama ba ne. Wata biyu ina zuba mata romon kai da ƙafa a miya a ɓoye, ina rantse mata ganye ne zalla. Ranar da ta tsinci guntun ƙashi a kwanonta ta kira ni maƙaryaciya, da Turanci, a gaban babanta. Ban san lokacin da hannuna ya tashi ba. Kwanon ya tarwatse a ƙasa, leɓenta ya fashe, ɗan kunne ya yaga mata fatar kunne. Shekararta goma sha biyar.

Na tuna ranar da kika karya muciya a bayana don na zubar da fura. Kina dukana kina cewa, "Gobe za ki gode mini." Inna, ban gode ba. Har yau ina jin haushinki, kuma ina kewarki kamar in mutu.

Kwana tara Ummi ba ta taɓa girkina ba. Da malamarsu ta tambaye ta leɓen, ta ce faɗuwa ta yi. Yarinyar da na fasa wa baki ita ta rufa mini asiri.

Wata tsohuwa 'yar Siriya, maƙwabciyarmu a unguwar Glenwood, ta gaya mini Ummi kan ci naɗin ganyen inabi a gidanta, ta kuma koya mini. Ɗanyar shinkafa ce da tumatir, albasa, na'ana'a, man zaitun da lemon tsami. Ni kuwa na ɗura su kamar alala, suka kumbura suka farfashe a tukunya. Karo na biyu ganyen ya yi ta yagewa a hannuna, har na yi jifa da kwalbar da ganyen ya zo a ciki. Tsohuwa ta ce cokali ɗaya tal, a naɗe a hankali, a kife faranti a kai kafin a ɗora wuta. Na uku suka fito.

Jiya bayan la'asar na jera su. Ko dunƙule mai ɗanɗanon nama ban saka ba. Ummi ta zo ta zauna, ta warware ɗaya, ta tona cikinsa da cokali mai yatsu, sannan ta kai baki. Ta ci shida, Inna. Daɗi ya kama ni, na miƙa hannu zan matsa mata lemon tsami.

Sai ta kare fuskarta da hannu biyu.

Allah Ya jiƙan ki, Innata, Ya haskaka kabarinki, Ya yafe miki, Ya yafe mini. Allah Ya cire wa yarinyar nan tsoron hannuna kafin in zo inda kike.

'Yarki,
Binta