Na Tafi da Bindigar

Baba,

Na tarar ka koma barci bayan asuba, ban tashe ka ba. Kada ka nemi bindigarka a ƙarƙashin gado. Ni na ɗauke ta, zan miƙa ta komisariya, wurin 'yan sanda.

Jiya da muka je mayar da permin bindigar, wato takardar izinin riƙe ta, daga unguwar Gudel zuwa ta Katako, ka ji abin da suka ce: ba za su sabunta ba sai da takardar likita. Ga shi likitan ya ƙi sa hannu saboda idanunka. Da muka fito ka ce mini, "Shekara talatin ina korar dorina daga lambu da ita, yau a ce ba na gani."

Ranar Juma'a permin zai ƙare. In bindigar ta wuce ranar a gidan nan, kai za su kama.

Inna ba ta san komai ba, kada ka yi mata faɗa.

Ka yafe mini da ban nemi izininka ba. Da na tambaya da ka hana, ni kuwa ba zan iya saɓa maka a gabanka ba.

Ɗanka,
Hamidu