Ɗinki Talatin da Biyu a Katifar Iska

Zuwa ga Ladi, ƴar Tibiri,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina roƙon Allah ya haskaka makwancinki, ya sa kina cikin ni'ima. Na san ba za ki karanta takardar nan ba. Ko kina raye ma ba karantawa za ki yi ba, tunda kin sha cewa ajamina kamar wurin da kaji suka yi tono yake. Amma sai na rubuta, don maganar ta cika mani ciki, kuma ba ni da wanda zan gaya mawa a Sabon Garin nan bai yi mani dariya ba.

Ƙorafina biyu ne, kin kuwa san su. Na farko, shekara shida tuwon dare bai zo a kan lokaci ba ko sau ɗaya. In dawo daga lisha, maƙwabta sun ci sun wanke hannu, ke kuwa lokacin kike kwasa, kina haki kamar wadda ta yi tsere da jaki. Na biyu, tun ranar da na yi wa katifar iska faci ba ki taɓa buɗe baki kin ce mani sannu da aiki ba. Kika duba, kika shafa, kika ce to. To kawai. Shekara shida ina jiran sauran maganar, har kika tafi da ita.

Kafin in shiga ciki, ga labarin gida. Matar ɗanmu Sani ta sauka, an samu mace, an sa mata sunanki, kuma tun yanzu ba ta jin magana. Akuyarki ta haifi biyu. Ƴarmu Balki ce ke kawo mani abinci kullum daga unguwar Zariya, tun kafin magariba, da zafinsa, babu abin da zan yi mita a kai. Ban san rashin abin mita ciwo ne ba sai yanzu.

To, katifar. Kin tuna Sani ne ya kawo mani ita daga Kwatano saboda ciwon bayana. Sati uku da zuwanta ta huje. Mamman mai faci na bakin titi ya ce in kai mashi, ya liƙa mata guntun roba da kol, gam ɗin nan nasu, kafin in shanye shayi an gama. Ni? Ni Idi, da na yi shekara arba'in ina dukanci? Salka nawa na ɗinka, Buzaye suka tafi da su daji, ko ɗigo ba su zubar ba? Guga nawa? Sai in kai kayana wurin mai shafa wa taya miyau? Na yanko fatar jar akuya, irin tamu ta Maraɗi, na zagaye ta kamar ƙaramin faifai, na ɗauko lanƙwasasshiyar basilla, na zauna. Ɗinki talatin da biyu na yi, babu wanda ya fi wani tsawo, na bi su da ƙaro. Da na kai a hura, Mamman ya riƙe ciki yana dariya, wai kafin lisha za ta kwanta kamar tabarma. Na dawo daga lisha na iske ta tam kamar ganga. Tuwo dai ya ƙone a ranar, kuma na faɗi abin da na faɗa.

Gaskiya da asuba takan yi laushi. Na tambaye ki, kika ce ai haka katifar iska take, da dare ta gaji, da rana zafi ya sake cika ta. Ladi, ni kuma na yarda. Ba yarda kawai ba, na kai maganar majalisa, na karantar da ita. Har wani Alhaji mai zuwa Dubai na yi wa bayani, yana gyaɗa kai. Duk wanda ya kawo zancen faci sai in ce ya je gidana ya ga aikin hannu. Mamman kuwa na hana shi sakat, in na wuce sai in tambaye shi ko tabarmar tasa ta kwanta.

Da kika kwanta a likita, a tsakar asibitin nake kwana bisa tabarma. Da kika rasu, zaure na koma. Sai bayan sadakar arba'in na iya buɗe ɗakin nan. Na iske katifa a shimfiɗe kamar fatar layya. Na ce zama ne ya yi mata yawa, na kai Mamman ya hura. Da safe ta yi laushi, na ce ba komai, rana za ta cika ta. Na jira har azahar, shiru. Na fitar da ita tsakar gida, na juya ta gabas, na juya ta yamma, na zauna ina gadi kada akuya ta hau. Rana ta gasa ni, ta gasa ta, ko kumburi ba ta yi ba. Kashegari na farka a ƙasa, ƙashin bayana yana gaisawa da siminti.

Haka Balki ta iske ni, na kasa miƙewa, ina riƙe da ƙofa. Ta ce in Juma'a ta zo ba ta ga katifar nan a tsaye ba, za ta kawo ta soso, wannan kuma ta kai ta bola da hannunta. Kin ji ƴarki. Katifar da kika yi shekara shida kina shimfiɗa mani zane a kai, ita ce za a kai bola. Na ce mata ɓera ne, kwana biyu ya ishe ni.

Na fara da kunne. Na bi ta kusurwa kusurwa, na manta kunnen hagu ya daɗe da yin ritaya, na dama kuma rediyon maƙwabta kawai yake kamawa. Na koma miyau, irin na Mamman ɗin da nake zagi, har bakina ya bushe ban gama gefe ɗaya ba. Na dama ruwan sabulu a bokiti, na shafe ta sama da ƙasa, ko'ina da ko'ina. Wuri ɗaya ne ban shafa ba. Me zai sa in shafa a kan facina? Ruwan sabulu ɓata fata yake. Na ga wasu wurare uku da ban yarda da su ba, na manna masu filasta don su shiga hankalinsu. Da safe, ƙasa.

Sai na ce ruwa mai yawa ake so, a nutsar da ita gaba ɗaya kamar yadda ake gwada salka. Bahonki bai ɗauki ko rabinta ba. Na tuna da magudanar ruwan lambu ta Jiratawa. Na sa Mamman ya hura, na tsayar da ɗan kabu-kabu. Ya ce in sace iskar in naɗe ta, na ce in na sace wa zai hura mani a can, uwarsa? Na ɗora ta bisa kai muka kama hanya. Ladi, da kin ga mijinki. Duk babbar motar da ta wuce, sai katifa ta nemi tashi da ni da babur ɗin. Sau biyu muna sauka cikin gonar mutane. Ɗan kabu-kabun yana salati, ni ina yi mashi faɗa ya iya tuƙi.

A Jiratawa na naɗe wando na shiga ruwa. Masu zogale da masu tumatir suka bar aiki suka taru a baki. Mutum biyu suka taya ni dannawa. Kin san abin da na gani? Kumfa ce ta taso a jere, a zagaye, siri-siri, kamar an zana da alƙalami. Na ƙirga. Talatin da biyu. Duk sauran jikin katifar lafiya lau, har wuraren da na yi wa filasta ba su da laifin komai. Wani dattijo mai zogale ya leƙo, ya ce shi dai tunda yake bai taɓa ganin huji mai tsari irin wannan ba, ko wane ne ya yi ya san aikinsa. Na ce wani baduku ne a Maraɗi, ya ma rasu.

A tsaye cikin ruwan nan na gane. Fata in ta sha ruwa kumbura take ta rufe ɗinki, shi ya sa salka ke riƙewa. Roba kuwa ba ta san wannan ladabin ba. Huji ɗaya na tarar, na mayar da shi talatin da uku. To amma shekara shidan fa? Wa ke cika ta? Rana dai na gwada ta, ba ta iya ba.

Muna kan hanyar dawowa na tuna ranar da mata suka fitar da kayanki. An ciro wani famfon keke a ƙarƙashin gadonki, naɗe cikin tsohon zane, da guntun tiyo ɗaure a bakinsa da tsumma. Ƙanwarki Delu ta yi wuf ta ɗauke, ta ce nata ne, aro kika yi. Har na ce a raina, me mace marar keke take yi da famfo? Kashegari na tafi Tibiri.

Delu ta yi dariya har ta faɗi a kan turmi, daga nan kuma dariyar ta koma kuka, ni ina tsaye kamar an dasa ni. Ta ce ranar farko da baki kika hura, tsakanin magariba da lisha, har jiri ya ɗebe ki, tuwo yana ƙonewa a kan wuta. Da safe kika zo Tibiri kika karɓi famfon marigayi mijinta. Tun daga ranar, ina fita masallaci sai ki sauke tukunya ki shiga ɗaki. Ta ce ta sha ce maki ki faɗa mani gaskiya a huta, kika ce in aka ce wa Idi ɗinkinsa ya zubar, ba zai ƙara ɗaukar basilla ba, kuma in bai ɗauki basilla ba gidan ba zai zaunu ba.

Ashe shi ya sa duk bikin da aka yi a Tibiri ba kya kwana. Ana tsakiyar shagali ki ce sai kin koma Maraɗi kafin magariba. Ni kuwa ina ta baza riga a majalisa, ina cewa Ladi ba ta iya kwana ɗaya ba ta gan ni ba. Ashe ba ni kike dawo mawa ba, katifa ce. Ko kuwa duk ɗaya ne? Wannan ma ina son amsa. Ranar da zazzaɓi ya hana ni fita kuwa, kika matsa sai na koma zaure wai iskar can ta fi. Bagobira ke nan. Shekara shida kina kallona ina karantar da mutane zafin rana, ko murmushi ba ki bari ya kuɓuce maki ba.

Tunda ana tone-tone, ni ma ga nawa. Hujin farko ba tsinken kitsonki ba ne. Basillata ce, na manta da ita a aljihun riga na kwanta. Na san haka tun a ranar, amma na ɗora maki, kuma duk lokacin da muka yi cacar baki sai na tayar da maganar. Ki yafe mani. Kafaɗarki da kike ta shafa wa man zafi, na ce sanyin randa ne da son jiki, wannan ma ki yafe mani. Yanzu na san sanyin randar. Dannawa ɗari biyu da ashirin ne kafin ta yi tam, na ƙirga, kuma tun a ta sittin nake neman wurin zama.

Eh, famfon yana wurina. Na ce wa Delu keke zan saya. Ta miƙo mani shi har da ƴar kwalbar man gyaɗa na shafa mashi. Da na kwance shi na iske fatar cikinsa ta cinye, rabin iskar da kike dannawa baya take komawa. Da kin kawo mani tun tuni, ai da wahalarki ta ragu da rabi. Na yanka mashi sabuwa, jar akuya, ta zauna daram. Wannan dai aikina ne, kuma ya riƙe, a rubuta.

Kada ki ce in kai wa Mamman ya ɓamɓare facin. Ba zan kai ba. Ɗinkin yana da kyau, ko ɗan Jiratawa ya shaida. Yanzu da an sallame magariba sai in sulale gida, in rufe ƙofa, in kunna rediyo saboda ƙugin famfon, in yi ta dannawa. Lisha a sahun baya nake samun ta, ina haki. Liman har ya tambaye ni ko lafiya, na ce tsufa ne.

Ranar Juma'a na tashi tun hantsi na cika ta, na ɓoye famfon inda kike ɓoyewa. Balki ta zo da katifar soso ɗaure a bayan moton ɗan kabu-kabu. Ta shiga ɗaki, ta danna katifa da tafin hannu, ta ji ta tam. Na ce mata na kama ɓeran, na gyara. Ta dubi facin, ta shafa shi. Ta ɗan kalli ƙarƙashin gado, inda bakin tsohon zanenki ya leƙo. Ta kalle ni. Ta ce to. Ta fita ta ce wa mai moto ya mayar da soson.

To kawai, Ladi. Da muryarki, da yadda kike sauke ido.

Saboda haka ina son a ba ni amsa, kuma ba zan daina tambaya ba. Ke kika gaya mata, ko gado ta yi? Mamman ya sani? Matan unguwa fa, da nake wucewa suna gaishe ni da sarkin faci? Kuma facin nan, tsakaninki da Allah, bai taɓa riƙewa ba ko na dare ɗaya? Delu ta ce in tambaye ki, Balki ta ce to, liman ya ce in yi haƙuri. Haƙuri ba amsa ba ne. Ki zo mani a mafarki ki faɗa, kin san inda nake kwana. In kin zo kafin asuba za ki iske ni a sama, in kin makara kamar yadda kika saba, ki duba ƙasa.

Allah ya jiƙanki, ya sa inda kike shimfiɗar ba ta sacewa. Sai na zo, kuma da maganar zan zo.

Ni ne mijinki, mai jiran amsa,
Idi Baduku, Sabon Gari, Maraɗi