Rigar da Ka Aiko wa Abdulsalam

Ƙofar Ran, Bauchi

Zuwa ga ƙanena Mansir,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kana lafiya a Jakarta, karatu kuma yana tafiya daidai. Allah ya ƙara lafiya da basira. Inna na fama da ƙafarta, 'yar'uwarmu Bintu ta yaye ɗanta. Da hannu na rubuta, zan ɗauki hoton takardar in turo, domin in na kira ka kuka ba zai bar ni in yi magana ba.

Ka tuna bidiyon da kake turo wa autanmu Abdulsalam, na 'yan makarantar can da ke sa rana ta waya su haɗu su sari juna da dogon lauje, wasu na ɗauka? Kai abin mamaki kake nuna masa, shi kuwa darasi ya ɗauka. Shi da abokansa suka aika wa samarin unguwar Tirwun goron gayyata. Ranar Asabar da la'asar suka haɗu a bakin dam ɗin Gubi, ɗan'uwanka riƙe da laujen da ake yanko wa akuyar Inna ciyawa. Wani Ya'u ya sare shi a kafaɗa, ya ƙara masa a hannu, yatsu biyu suka tafi. Yana kwance jini na malala, abokansa bakwai suka kewaye shi, kowa ya ɗaga waya, ba wanda ya ɗaure masa raunin. Wani manomi, Habila, shi ya baro gonarsa ya sa shi a keke zuwa asibiti. Wallahi ban taɓa jin ɗacin rai irin na ranar ba.

Yanzu abokan nan sun sa Asabar mai zuwa ranar ramuwa, shi kuma daga gadon asibiti yana cewa ko da hannu ɗaya sai ya je. Inna ta yi kuka, na yi faɗa, a banza. Maganarka kawai yake ji. Ka kira shi yau.

Bidiyon da abokan suka ɗauka ya zaga gari, ya kuma iso gare ka, domin na ga sunanka cikin waɗanda suka sa alamar dariya. Na san fuskar ba ta fito ba. Amma ka sake kallo, Mansir. Rigar mai zanen ganye da jini ya rine, kai ka aiko masa da ƙaramar salla.

Inna, Baffa Babayo da Gwaggo Azumi suna gaishe ka.

Yayarka,
Zinariya